Mutumin da Ya Sa Shanun Jimrau a Tele

An yi wani mutum a garin nan namu na Dakoro, ya 'yan uwa. Ba zan faɗi sunansa ba, kuma kada wani ya tare ni a ƙofar masallaci ya ce in raɗa masa. In na faɗa, na aikata abin da na zo in hana ku ke nan. Wanda aka zalunta kuwa zan ambaci sunansa, don iyalinsa ne suka roƙe ni in wanke shi duk inda na samu masu saurare.

Mutumin nan tun yana lakwal, wato makarantar boko, an san shi da baki da alƙalami. In ya kwaikwayi tafiyar mutum, sai ka rantse mutumin ne ya wuce. Ya yi karatu a Maraɗi, ya wuce Yamai, ya soma da rubuta wasannin rediyo. Daga nan wani gidan tele ya ɗauke shi. Shi ke rubuta labari, shi ke zaɓen 'yan wasa, shi ke cewa a ɗauka nan a yanke can. Shekara goma ba ta cika ba sai da ya zama in an sa wasansa, mata su bar tukunya kan wuta, maza su bar shayi ya huce.

Mun yi alfahari da shi, ba zan ɓoye ba. Ni kaina na zauna na kalla, na yi dariya.

To, amma ga yadda yake aikinsa. Bai taɓa zama ya ƙirƙiro labari daga kansa ba. In ya rasa abin rubutawa, sai ya hau mota ya zo gida. Ya zauna a majalisa, ya zauna wajen mai nama, ya shiga cikin gida ya gaida tsofaffi, kunnensa a buɗe. Wane ya saki matarsa saboda kaza. Wance an kama ta da kaza. Sai ya koma Yamai ya rubuta, ya sauya suna, ya ce ai ya gama da haƙƙin kowa.

Wani dattijo ya taɓa ce masa, "Ɗana, naman mutane kake ci." Ya yi dariya ya ce, "Baba, ai na sauya suna." Wannan ita ce garkuwarsa. Duk wanda ya yi masa magana, da ita yake karewa.

Ina tambayarku, in ka zana mutum da tsayinsa da tafiyarsa da ƙofar gidansa, sa'an nan ka kira shi da wani suna, wa ka ruɗa? Maƙwabtansa ka ruɗa, ko Wanda ya halicce shi?

Wata shekara satar shanu ta yi yawa a arewacinmu, kun tuna. Shugabannin gidan telen suka ce suna son wasa mai dogon zango a kan ɓarayin dabbobi. Mutumin nan ya zo gida neman labari, ya sauka wajen Jimrau.

Matasa ba ku san Jimrau ba sosai, bari in faɗa muku. Dillalin shanu ne a kara, abokin mahaifin mutumin nan tun suna samari. Shi ya riƙe ragon sunan mutumin nan ranar da aka raɗa masa suna. Kun san kuma aikin dillali. Ba saniya yake sayarwa ba, maganarsa yake sayarwa. Baƙo ya zo daga Bader Goula da bijimi, mai saye bai san shi ba, sai dillali ya dafa bayan bijimin ya ce, "Na san mai shi, na san garkensu, ba na sata ba ne." Shi ke nan an saya. In daga baya aka ce na sata ne, wuyan dillali za a kama. Shekara talatin da wani abu Jimrau yana dafa bayan shanu, ba a taɓa kama wuyansa ba. Bai da gona mai yawa, bai da kanti. Abin da yake ci da shi, shi da iyalinsa, shi ne a ce Jimrau ya ce.

Da hantsi suna zaune su biyu ƙarƙashin rumfarsa, mutumin nan yana ta tambaya yadda ɓarayi ke shigo da dabba kasuwa. Jimrau ya dube shi, ya ce, "Ɗana, zan faɗa maka wani abu da ko uwar 'ya'yana ba ta sani ba. Ba don ka rubuta ba. Don na ga kana wasa da asirin mutane ne, ina so ka san daɗin rufin asiri."

Sai ya ba shi labari. Wata shekarar fari, yana sabon dillali, gidansa ba hatsi, wani ya kawo masa bijimi. Zuciyarsa ta gaya masa na sata ne. Ya dafa bayansa duk da haka, ya ce ya san mai shi. Aka saya. Ya ce tun ranar abinci ya daina yi masa daɗi. Ya yi wata huɗu yana bin kasuwanni yana tambaya, har ya gano mai bijimin a wani ƙauye kusa da Kornaka. Ya kora masa karsanarsa guda ɗaya tilo, ya durƙusa ya faɗa masa gaskiya. Mutumin ya yafe masa, ya ce maganar ta mutu a nan. Kuma ta mutu, don mai bijimin ya rasu bai faɗa wa kowa ba.

Jimrau ya ce, "Allah ya rufa mini asiri shekara talatin. Yau na ba ka amana."

Mutumin nan ya ce, "Baba, ai ko da wuƙa a wuyana ba za a ji ba."

Ya 'yan uwa, bakinsa na faɗin haka, zuciyarsa na rubutu.

Ya koma Yamai ya tsara wasansa. Ya sa wani dillali dattijo mai carbi, wanda kowa ya yarda da shi, amma a ɓoye shi ke sayar wa ɓarayi shanun sata, shi ke gaya musu inda garke ya kwana. Ya ɗauki rabin farko na labarin Jimrau, bijimin shekarar fari, ya sa shi yadda yake. Rabin na biyu, wata huɗun nan na nema da karsana da durƙuso, ya jefar. Wani abokin aikinsa ya ce da ya bar tuban a ciki. Ya ce tuba ba ta riƙe masu kallo, in mugu ya tuba a kashi na biyu, me za a kalla a kashi na ashirin?

Ya sauya suna, kamar kullum.

Da lokacin ɗauka ya yi, ya kwaso mutanensa da kamarorinsu suka zo nan. Ana bukatar shanu. Wa zai ba da aron shanu a yi ta kora su gaba da baya cikin rana? Sai Jimrau. Dattijon bai san abin da ke cikin takardun ba. An ce masa wasa ne na faɗakarwa. Ya ba da shanunsa bakwai, ya ba da rumfarsa, har fura ya aika musu.

Nan ne abin ya faru. Kun san kowane gidan masu dabbobi da shaidarsa, wadda ake ɗora wa dabba da ƙarfe mai zafi. Ta gidan su Jimrau zane uku ne a tsaye da ɗaya a kwance, a cinyar dama. Mutumin birni in ya ga wannan, tabo ya gani. Makiyayi kuwa suna ya karanta, da sunan uba da na kaka.

Wanda ya fito a matsayin dillalin wani ɗan wasa ne, Badaru, ɗan Adjekoria, jikan makiyaya. Shi ya lura. Ya ja mutumin nan gefe ya ce, "Maigida, shaidar ta fito fili. A shafa mata laka, ko a juyo da shanun ta hagu."

Rana ta yi zafi, hasken da suke so yana gudu, ranar da aka ba shi ta kai aiki ta matso. Mutumin nan ya ce, "Wa ke kallon cinyar saniya a tele? Fuskarka ake kallo. Mu ci gaba."

Laka, ya 'yan uwa. Laka cikin tafin hannu ɗaya da ta isa. Bai ga dattijon nan ya kai darajar ya sunkuya ya ɗebo ta ba.

Aka sa wasan. Yamai ta yi ta yabo, aka kira shi aka ba shi lambar girma. A nan kuwa ba a tele mutane suka fi gani ba. Masu tura fim a kati suka yanko wurin da dillalin ke karɓar shanu daga hannun ɓarayi, minti uku kacal. Ba sunan wasa a kai, ba sunayen 'yan wasa. Ya shiga waya, daga wannan zuwa waccan, har rugagen da ko mota ba ta zuwa.

Makiyayi ya duba, ya ga rumfar da ya sani. Ya ga shaidar da ya sani. Ya ji dillalin yana ba da labarin bijimin shekarar fari, wasu tsofaffi kuma suka ce lalle an yi wani bijimi da ya ɓace a shekarar. Wani ya ce ai wasa ne. Aka ce masa, wanda ya rubuta ɗan gida ne, a hannun Jimrau ya tashi, in bai san wani abu ba zai sa shanunsa?

Ranar kasuwa ta zo. Jimrau ya shimfiɗa buzunsa kamar yadda ya saba. Mutanen da shekara ashirin suke kawo masa dabba suka wuce ta gabansa, idonsu a ƙasa, suka tafi rumfar wani. Ya yi sallama, aka amsa a gajarce. Har la'asar bai dafa bayan ko akuya ba. Bai san dalili ba, sai da wani ya tausaya masa ya miƙa masa waya.

Waɗanda ke wurin sun ce ya kalla har ƙarshe. Ya naɗe buzunsa ya tafi gida.

Mako na gaba wasu mutane da aka kore musu shanu arba'in suka zo ƙofar gidansa da sanduna, suna cewa ya fito musu da dukiyarsu. Matansa da jikokinsa na ciki suna kuka. Da ba don maƙwabta sun tsaya ba, da Allah kaɗai ya san abin da zai faru. Jandarmomi suka kira shi, suka yi tambayoyinsu, suka ga ba komai, suka sallame shi. Amma an riga an gan shi yana shiga. Ba wanda ya tsaya ya ga fitowarsa.

Jimrau ya kira mutumin nan a waya. Sau nawa? Ɗiyarsa Aisata ta ce ita ke danna masa lambar, ta ƙirga har sau goma sha ɗaya cikin kwana uku. Abu guda yake so, ya zo ya tsaya a kara ranar kasuwa ya ce da bakinsa ƙarya ce. Mutumin nan yana ganin sunan a wayarsa, yana kifar da ita. Ba don bai san abin da ya yi ba. Don ya sani ne. Ya ce wa kansa bari ƙura ta lafa, in ya zo sallah zai ba Baba haƙuri.

Wa ya ba shi takardar cewa Baba zai kai sallah?

Wata safiya Jimrau na alwala ya faɗi. Aka kai shi likita, aka ce jini ne ya hau, ɓarin jikinsa ya shanye. Ya farfaɗo, idonsa na gani, kunnensa na ji, amma harshe ya tafi. Mutumin da duk arzikinsa magana ce, ko ruwa ba ya iya roƙo.

Sai a lokacin tsoro ya kama mutumin nan. Ya bar komai ya taho. Ni na raka shi gidan, don ya ce ƙafarsa ba za ta iya shiga ita kaɗai ba. Abin da zan faɗa muku yanzu da idona na gani.

Mun tarar da dattijon kwance a zaure, Aisata na yi masa fifita. Mutumin nan ya zube ƙasa, ya kama ƙafarsa, ya ce, "Baba, na ci amanarka. Ka yafe mini don Allah."

Jimrau ya dube shi.

Ya ce, "Baba, in ka yafe, ka motsa hannunka mai lafiya."

Hannun bai motsa ba.

Ya ce, "To ka rufe ido sau ɗaya, Baba. Sau ɗaya kawai."

Ya 'yan uwa, na zauna gaban masu mutuwa da yawa, amma ban taɓa jin tsoro irin na ranar ba. Idon nan bai rufe ba. Ba fushi a cikinsa, ba kuma sassauci. Kallo ne kawai. Har yau ban sani ba, ƙi ya yi, ko ya so ya yafe jikin ne ya ƙi masa. Ni ban sani ba, mutumin nan bai sani ba, ba kuma wanda zai sani sai ranar da za a tsaya. Muka zauna har aka kira azahar, idon na kansa.

Kwana biyu bayan haka Jimrau ya rasu.

Ranar addu'ar uku mutumin nan ya sa aka kira masa Aisata, ya roƙe ta. Ta ce, "Yaya, abin da ka yi mini, ni da 'ya'yana, na yafe. Na Baba kuwa ba a hannuna yake ba. Ya tafi da abinsa."

Daga nan ya soma gudu, irin gudun wanda rigarsa ta kama wuta. Ya koma Yamai ya sa aka dakatar da wasan. Shugabanninsa suka ji haushi, suka ba wani kujerarsa. Ya zauna gaban kamara shi kaɗai, ya faɗi gaskiya duka, yana kuka, ya tura. Mutum nawa suka tura wa wani? Ba ta yi nisa ba. Wanke mutum ba ya da daɗin kallo. Minti ukun nan kuwa suna ta tafiya abinsu.

Ya ɗauki alƙalami ya kasa. Ya gaya mini in ya sa shi kan takarda sai ya ga idon nan. Mutumin da ya sa ƙasa guda dariya ya zama in ya ji an yi dariya bayansa sai ya zabura. Ya dawo Dakoro, ya rame, gemu ya yi fari cikin shekara guda.

Wasunku sun gan shi a lokacin. Ranar kasuwa yana bin rumfuna, Kornaka, Adjekoria, Bader Goula, yana tare mutane yana cewa, "Don Allah kana da bidiyon dillalin nan? Ka goge. Ƙarya ce, ni na rubuta." Wasu su goge. Wasu su ce ya taɓu. Wasu kuma, Allah ya shirye mu, ba su taɓa gani ba, sai maganarsa ta sa su je su nema.

Ya zo wurina ya ce, "Malam, akwai mafita?" Na gaya masa gaskiya. Ƙofar tuba a buɗe take, ba mai rufe ta, kuma haramun ne ya yanke ƙauna daga rahamar Ubangiji. Na ce ya yawaita yi wa Jimrau addu'a da sadaka, ya ci gaba da wanke sunansa. Amma ban iya ce masa haƙƙin ya sauka ba, don malamanmu sun karantar da mu cewa haƙƙin bawa yana jiran mai shi. Ya ce, "Malam, ba wannan ke hana ni sukuni ba. Mai gulma in ya mutu bakinsa ya rufe. Ni nawa bakin yana aljihun mutane. Ina kabari zai ci gaba da magana."

Bai daɗe ba ya kwanta. Likitoci ba su ga wata babbar cuta ba. Ranar da zai cika, da walaha, ina zaune kusa da kansa ina laƙƙana masa kalmar shahada. Ya faɗa, alhamdu lillahi, ya faɗa. Amma kafin nan, ya riƙe hannuna da ƙarfin da ban san yana da shi ba, idonsa waje, ya ce, "Malam, sun goge?"

Ban iya yi masa ƙarya ba. Na ce, "Ka ce la'ilaha illallahu."

Muka kai shi, muka dawo, muka zauna zaman gaisuwa a ƙofar gidansu. Can gefen tabarma wasu magidanta biyu, ba yara ba, masu gemu, sun haɗa kai kan waya. Ɗaya na cewa, "Ai shi ne ya yi wannan, ba ka gani ba?" Sai na ji muryar dillalin nan tana tashi, tana ba da labarin bijimin shekarar fari. Ƙasar kabarinsa ba ta bushe a hannunmu ba.

Ya 'yan uwa, ga darasin, ba sai na yi kwana-kwana ba. Asirin da Allah ya rufe, kada ka buɗe. Amanar da aka ba ka a rumfa, kada ka kai ta kasuwa, ko da ka sauya mata suna sau goma. Ban ce rubuta wasa haramun ne ba, kada a je a ce Malam ya ce. Baiwa ce, ana gyara al'umma da ita. Amma wanda zai gyara dubu da naman mutum guda, ya sani mutum gudan nan zai tsaya gabansa. In kuma ka cuci wani, ka je yau, tun yana da harshen da zai ce na yafe. Kada ka ce sai sallah.

Kuma kada ku zauna kuna girgiza kai kamar da wani nake. Shi ya rubuta, gaskiya ne. Amma ba shi ya kai minti ukun nan rugage ba. Yatsu ne suka kai, kuma wasu daga cikin yatsun suna cikin masallacin nan, yanzu aka gama alwala da su. Mamata biyu ke kwance a maƙabartar garin nan saboda abin, ɗaya an ɓata masa suna, ɗaya ana ƙara masa nauyi duk lokacin da aka danna. Wanda ya san yana da shi, kada ya fita ƙofar nan da shi.

Ya Allah, ka jiƙan Jimrau, ka shaida mun shaida mutumin kirki ne, ya yi kuskure sau ɗaya ya tuba tuba mai kyau. Ya Allah, ka sassauta wa bawanka da ya cuce shi, ka sanya tausayinsa a zuciyar Jimrau ranar da za su haɗu gabanka. Ka rufa mana asiri, ka sa mu rufa na wasu. Daga cin amana, da harshen da ke ci gaba da magana bayan mai shi ya shiga ƙasa, Allah ya kiyaye mu baki ɗaya. Amin.